Mai Ɗaukar Hoto Ya Koma Wurin Masu Hoto

Jama'a, akwai wata magana da muke so malamai da akawuna su yi tunani a kanta, watau hakkin mutanen da ake ɗaukar hotonsu na majigi. Misalinmu shi ne wani Bafaranshe, Jean Rouch, wanda ya zo Nijar a 1941 yana injiniyan hanya, daga baya ya bar wannan aiki ya riƙi na'urar ɗaukar hoto har ƙarshen ransa.

A 1951 ya ɗauki hoton Sarkawan kogin Kwara suna farautar dorina. Da ya je Faransa ya harhaɗa shi, sai ya ɗora masa kiɗa don ya yi armashi. A 1954 ya komo garin Ayoru ya nuna wa maharban aikin nan. Suka zuba ido suka kalla, sa'an nan suka ce masa ya yi kure, gama dorina tana da kunne, ba a farautarta sai shiru. Baturen nan da ya yi karatu mai zurfi bai ce ya fi su sani ba. Ya karɓi gyara, kuma daga nan ya mai da shi al'ada ya riƙa komo da aikinsa wurin masu shi. Ashe mai ɗaki shi ya san inda ruwa yake masa yoyo.

Ba mu ce ba shi da laifi ba. Majiginsa na 'yan borin Hauka, wanda ya ɗauka kusa da Ankara aka nuna a 1955, ya ɓata wa 'yan Afirka masu karatu a Faris rai ƙwarai. Sembene Usman na Senigal kuwa ya zarge shi da kallon baƙar fata kamar yadda ake kallon ƙwari. Lalle wannan suka tana da nauyi, don na'urar tana hannun baƙo. Amma fa Umaru Ganda, wanda ya fito cikin majigin Rouch na 1958, shi ma ya zama mai shirya majigi, har ya ci babbar kyautar bikin Wagadugu a 1972.

To, yau na'urar ta komo hannunmu, ga ta cikin wayar almajiranmu. Ana ɗaukar tsofaffi masu tarihi, da marina, da makaɗa, a watsa duniya ba a ko shawarce su ba. Kuren da aka bari cikin hoto kuwa shi jikokinmu za su ɗauka gaskiya. Saboda haka muna roƙon malamai su koya wa yara ƙa'ida ɗaya: wanda ka ɗauka, koma ka nuna masa, ka saurari gyaransa, kafin ka nuna wa wani.

Rouch ya mutu a haɗarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, aka binne shi a Yamai, cikin mutanen da suka gyara masa aiki. Allah ya sa mu zama masu karɓar gyara, amin.