Wasiƙa a Buɗe ga Masu Shirya Fim: Darasi daga Aikin Fassbinder

Zuwa ga daraktoci, marubuta da masu tace fim,

Rainer Werner Fassbinder, ɗan ƙasar Jamus da aka haifa a 1945, ya rasu a Munich a 1982 yana ɗan shekara 37, ya bar fina-finai sama da 40. A yawancinsu shi ne marubuci kuma darakta, a wasu ya fito ɗan wasa, wasu kuma ya tace su da sunan aro, Franz Walsch. Duk mai son haɗa ayyuka a hannunsa ya kamata ya duba yadda ya kai ga haka.

Tushensa wasan daɓe ne. Da makarantar koyon fim ta Berlin ta ƙi ɗaukarsa, sai ya duƙufa kan dandamali, ya jagoranci ƙungiyar Antiteater a Munich daga 1968. A nan ya ƙware a rubutu da sarrafa 'yan wasa, tun kafin babban fim ɗinsa na farko a 1969. Ya dace mai sana'a ya laƙanci aiki ɗaya kafin ya ɗora wani a kai.

Amfanin haɗa ayyuka shi ne sauri da rage kuɗi. Cikin kimanin mako biyu aka ɗauki fim ɗinsa Angst essen Seele auf na 1974, labarin wata dattijuwa mai aikin shara da ta auri leburan da ya fito daga Maroko. Fassbinder ya rubuta, ya ba da umarni, ya kuma fito a matsayin surukinta mai ƙyamar baƙi. Wanda ya rubuta labari da sanin inda zai kafa kyamara ba ya ɓata yini a wurin ɗauka.

Sai dai hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Peer Raben ya yi masa kiɗa shekara da shekaru, Michael Ballhaus ya riƙe kyamara a fina-finansa fiye da goma, Juliane Lorenz kuma ta tace Berlin Alexanderplatz mai kashi 14 a 1980. Darakta mai rubutu da tacewa da kansa ya fi kowa buƙatar abokin aikin da zai ce masa wannan fitowa ta yi tsawo, a yanke.

Saura batun lafiya. Aiki ba hutu da shan miyagun ƙwayoyi suka yi ajalinsa, watanni kaɗan bayan fim ɗinsa Veronika Voss ya lashe babbar kyautar bikin fina-finai na Berlin. Wajibi ne mai ɗaukar ayyuka da yawa ya sa lokacin barci da hutu a jadawalin aiki, ya kuma miƙa wa ƙwararre duk abin da ya fi ƙarfinsa.