Sharhi: Tef Ɗin Masu Fenti da Asarar Daɓen Katako a Gidajen Karu

A Karu da maƙwabtanta irin su Nyanya da Jikwoyi da Kurudu, inda ɗimbin ma'aikatan Abuja ke zaman haya, sabunta fenti ya zama ruwan dare duk lokacin da wani zai tashi ko zai tare. Mafi yawan gidajen tayil ne, amma wasu sababbin gidaje da ofisoshi suna shimfiɗa daɓen katako, wanda kuskure kaɗan ke lalata shi.

Tef ɗin takarda da masu fenti ke liƙawa a gefen bango, wanda Richard Drew na kamfanin 3M ya ƙirƙiro a Amurka a 1925, an yi shi ne domin a cire shi da wuri. Idan ya kwana biyu a kan katako, musamman a zafin watannin Maris da Afrilu, danƙonsa kan kama sosai. Wajen ɓare shi sai ya taho da man sheƙin da aka shafa wa katakon, ko ya bar tabo. Salatif ɗin ɗaure kwali, wanda wasu ke saya saboda arha, ya fi muni. Arha kuwa ba ta ado.

Hanyar kariya ba ta da tsada. A gwada tef ɗin a wani lungu tukuna. A shimfiɗa takarda ko kwali a ƙasa, a liƙa tef ɗin a jikin takardar ko a gindin bango, ba a kan daɓen ba. A cire shi a ranar da aka gama aiki, a hankali, a karkace. Katakon da aka shafa wa mai kwanan nan kuma a bar shi kamar wata guda kafin a liƙa masa komai.

Sai dai tushen rigimar shi ne rashin yarjejeniya. Galibi da baki ake cinikin fenti, ba a fayyace wanda zai sayi tef ko ya biya ɓarna ba. Daga ƙarshe ɗan haya ya rasa kuɗin da ya ajiye wa mai gida saboda ɓarna, ko a zaftare ladan mai fenti. Rubuta waɗannan sharuɗɗa da ɗaukar hoton daɓen kafin a fara aiki zai kare haƙƙin kowa.