Wa zai riƙe kyamara a Fadama?

A shekarar 1996 aka fitar da fim ɗin Deadly Voyage, labarin samarin da suka ɓuya cikin jirgin ruwan MC Ruby a 1992, yawancinsu a Takoradi, don neman shiga Turai. Ma'aikatan jirgin suka kashe takwas daga cikinsu, Kingsley Ofosu kaɗai ya tsira. Cikin waɗanda suka fito a fim ɗin akwai wata matashiya 'yar Ghana, Juliet Asante. Labarin na 'yan ƙasarta ne, amma kuɗi da umarni na baƙi ne, ita nata a ce tsaya nan ta tsaya.

Ba ta yarda ta dawwama a haka ba. Ta kafa kamfaninta, Eagle Productions, ta koma bayan kyamara, a 2015 ta fitar da Silver Rain, wanda ita ta ba da umarninsa. Jarumar labarin kayayo ce mai suna Adjoa, wato irin 'yan matan nan da ke dakon kaya da kwano a ka a kasuwannin Makola da Agbogbloshie na Accra, da dare kuma da yawansu su kwana a cunkushe a ɗakunan katako na Old Fadama. Bayan haka ta kafa bikin fina-finai na Black Star, ta kuma shugabanci Hukumar Fina-finai ta Ghana har zuwa 2025.

Ta cancanci yabo, domin ta tuna da mutanen da sauran masu fim suka kau da kai daga gare su. Sai dai Joselyn Dumas ce, tauraruwar talabijin, ta fito a matsayin Adjoa, labarin kuma ya karkata ga soyayya da ɗan masu kuɗi. Ainihin Fadama tana nan tana jira. Unguwa ce a bakin kogin Odaw da ta cika maƙil bayan rikicin Konkomba da Nanumba na 1994, ƙidayar da mazauna suka yi a 2009 ta samu mutum kusan 80,000. A watan Yunin 2015, shekarar da fim ɗin ya fito, motocin rusau suka shiga bayan ambaliyar Accra, dubbai suka wayi gari babu makwanci. A 2021 aka tashi 'yan albasa zuwa Adjen Kotoku. Duk wannan ya faru a idon samarin unguwannin Zango, amma galibi baƙi ne suka ɗauka a kyamara, su ma hayaƙin ƙone-ƙonen bolar Agbogbloshie kawai suke nema.

A unguwannin Zango irin su Nima da Maamobi kuwa ba a rasa 'yan wasa ba. Yara na ta yin gajerun barkwanci da Hausar Zango a TikTok, iyaye mata sun san taurarin Kannywood kamar 'yan gida. To ga Ali Nuhu nan: ya yi suna a fim ɗin Sangaya, ya kafa kamfanin FKD, ya ba da umarnin fim ɗin Mansoor a 2017, a Janairun 2024 aka naɗa shi shugaban Hukumar Fina-finai ta Najeriya. Shi ma da a gaban kyamara ya tsaya, da kyan fuska kawai za a riƙa tuna shi.

Ba da umarni sana'a ce da ake koyo: rubutun labari, haske, sauti, tace hoto. Makarantar koyon fim da aka kafa a 1978 da sunan NAFTI tana Cantonments, ba nisa da Nima. Asusun Raya Zango, wanda aka kafa da dokar 2017, ya kamata ya ware kuɗin karatun fim ga yaran waɗannan unguwanni. Sarakunan Zango da malamai su daina yi wa harkar kallon shashanci, su sa mata ido su gyara ta. Samarin da ke wasa a yau kuma su nemi gurbi a waccan makaranta, fim ɗinsu na farko ya zama a kan rusau na 2015, daga bakin waɗanda aka rushe wa ɗakuna.