RUMBUN TARIHIN AL'UMMA: A HANNUN WA MAKULLI ZAI ZAUNA?

Wata magana ce ke yawo a bakin wasu 'yan boko da samarin waya, tun daga Birnin Kebbi har teburin mai shayi a Illo. Wai nan gaba za a ƙera wata na'ura, wani ƙaton rumbu a intanet, da zai haɗiye duk abin da al'umma ke tunawa: asalin garuruwa, muryoyin tsofaffi, har da abin da ke ƙirjin malamai. Wai mai buƙata sai ya latsa waya kawai. Saboda haka, in ji su, an gama da zama gaban dattijo, an gama da hadda, an gama da ajiye tsohuwar takarda a gafaka.

Wannan na'ura har yau mafarki ce, amma tun ba ta zo ba ta fara ɓarna, domin ta zama uzurin malalaci. To, a ƙaddara an ƙera ta gobe. A hannun wa makullin zai zauna? Wa zai zaɓi abin da za a zuba, wa zai zaɓi abin da za a share?

Mutumin Illo bai kamata ya ruɗu ba, domin an taɓa gina masa irin wannan rumbu, ya kuma ga yadda ta kaya. Tarihin baka ya haɗa Illo da Bussa da Nikki a matsayin 'yan uwa cikin ƙasar Borgu. A 1894 Lugard da sojan Faransa suka yi tseren isa Nikki, kowa na neman a sa masa hannu a takarda. Ranar 14 ga Yuni 1898 Ingila da Faransa suka zauna a Paris suka ja layi, suka ce iyaka za ta taɓa Kogin Kwara mil 10 sama da Giris, mashigar jiragen Illo. Babu ɗan ƙasa ko ɗaya a teburin. Illo ta faɗa hannun Ingila, Nikki ta faɗa hannun Faransa, ga ta yau a Jamhuriyar Benin. Daga nan Razdan da Di'o suka shiga rubuta labarin mutane yadda ya dace da harajinsu. Yau ɗalibin da ke neman rubutun wancan zamani sai ya je ma'ajiyar takardun gwamnati ta Kaduna ko Landan ya karanta rabi da Ingilishi, ya ƙetara Porto-Novo ko Faransa ya karanta rabi da Faransanci. Dangi ɗaya, an raba musu tarihi gida biyu, kowane da harshen baƙo.

Ba nan abin ya tsaya ba. A 2011, bayan tsofaffin Kenya sun maka gwamnatin Ingila a kotu kan azabar da aka gana musu zamanin Mau Mau, dole ta amsa cewa ta ɓoye dubban fayiloli na ƙasashe 37 da ta mulka a wani gida, Hanslope Park. Ya kuma bayyana cewa an ƙone wasu takardun gab da ba da 'yanci. Halin mai riƙe wa wani rumbu ke nan. An ba kura ajiyar nama.

Musulunci bai taɓa ƙin ajiya ba, tsari ya yi mata. Da mahaddata suka yi shahada a yaƙin Yamama, Sayyidina Umar (RA) ya ba Halifa Abubakar (RA) shawara, aka ɗora wa Zaidu ɗan Sabit (RA) tattara Alƙur'ani daga rubuce-rubuce da ƙirazan mutane. Malaman hadisi suka kafa isnadi, ba a karɓar magana sai an san wa ya ji daga wa. Da wannan tsari ne tafsirin Shehu Abdullahi na Gwandu, wanda ya rasu a 1829, da Infaƙul Maisuri na Sarkin Musulmi Bello suka iso wannan zamani: almajiri ya kwafa, ya karanta gaban malami, ya miƙa.

A Janairu 2013 'yan bindiga suka ƙone littattafan hannu kimanin 4,000 a cibiyar Ahmad Baba ta Timbuktu. Dubun dubata da suka tsira, iyalan garin ne suka zuba su a akwatuna, suka kai Bamako a motoci da kwale-kwale, bisa wannan kogi da ke wucewa ta ƙasar Illo. Na'urar ɗaukar hoto ta sami abin ɗauka ne saboda mutane sun riga sun sa ransu a gaba.

A Illo babu mai riƙe da ashana, amma ɓarnar na gudana. Gara na cin takardu a ɗaki, ambaliya irin ta 2012 da 2020 na rusa gidajen ƙasa, duk dattijon da aka kai makwanci an binne da abin da ya sani. Abin takaici, saurayi zai tsinci wasiƙar kakansa da ajami ya kasa haɗa baƙi, alhali tun 2007 aka cire ajami daga ƙananan takardun naira, kunnensa bai ko girgiza ba. Hoton shafin da ba mai iya karantawa kabari ne, ko a wace na'ura aka ajiye shi.

Saboda haka 'yan uwa matasa su daina jiran rumbun wani. Wayar da ke aljihu ta isa fara aiki. Su durƙusa gaban dattawa, su nemi izini, su naɗi bayani da Hausa da Dendi da Kyanganci da Fulatanci, su rubuta sunan mai magana da wanda ya ji daga gare shi. Su ɗauki hoton littattafai, su bar asali hannun masu shi, su ajiye kwafi a masallaci da makarantar allo, su aika wa dangi a Segbana da Malanville. Su koma gaban malam su koyi ajami. Kuma su rubuta gaskiya har da mai ɗaci, yaƙe-yaƙe da al'adun da kakanni suka baro, domin mai ɓoye tarihi ya bi sawun Razdan ne ko da ya naɗa rawani.

Mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo. Allah Ya farkar da matasa tun dattawan na raye. Wassalam.