Buɗaɗɗiyar Wasiƙa ga Shugabannin Ƙananan Hukumomi



Tun da Kotun Ƙoli ta yanke hukunci a watan Yulin 2024 cewa a riƙa tura wa ƙananan hukumomi 774 kasonsu kai tsaye, ido ya dawo kanku. Wanda aka hana kwangilar kwalbati ko rumfar kasuwa gobe, ba gwamna zai maka a kotu ba, ku ne.

Ku tuna gwanjon lasisin wayar salula da hukumar sadarwa ta NCC ta yi a Janairun 2001. A fili aka yi shi, aka tsaya kan dala miliyan 285 kowane lasisi. Duk da haka kamfanin CIL, wanda ya yi nasara tare da MTN da Econet, ya rasa nasa: bai biya a kan lokaci ba, yana ƙorafin cewa zangon sadarwar da aka ware masa akwai shari'a a kansa. Abin da aka yi da rana tsaka ke nan. Ina ga wanda aka ƙulla a falon shugaba bayan sallar isha'i?

Mu ba ma neman abu mai wuya. Ku manna sanarwar kwangila a allon sakatariya da wuri, ku buɗe takardun 'yan takara a gabansu, ku faɗa wa wanda ya faɗi dalili a rubuce. Kafin ku yi gwanjon tashar mota ko fili, ku tabbatar babu ƙara a kansa, domin ɗan kwangilar ƙauye ba shi da kuɗin lauyan Abuja.

Wassalamu,
Wani mai biyan haraji