DAKATARWA BA HUKUNCI BA CE

Ƴan'uwa, ga maganar da muke so kowane reshe ya tattauna a taronsa na ranar kasuwa. In an zargi ma'aikacin gwamnati da laifi, aka dakatad da shi, shin daidai ne a tsai da albashinsa tun ba a ji ta bakinsa ba? Mu mun ce ba daidai ba ne.

Ba mu ƙi dakatarwa ba. Komin da ake zargi da cin kuɗin lanho, ba za a bar masa makullin akwati yana ɓad da takardu ba. Mushen lakwal da aka ce ya ɓata ɗiyar mutane, ba za a bar shi cikin aji ba. A janye shi gefe har a bincika. Iyakar amfanin dakatarwa ke nan. Amma ran da aka riƙe albashi, an yanke hukunci, alhali majalisar ladabtarwa ba ta zauna ba. Kuma wa hukuncin ya faɗa wa? Uwargida, da yara, da tsohuwar da ke ƙauye tana jiran buhun hatsi, da mai kantin da ya ba da bashi zuwa ƙarshen wata. Mutumin da gidansa ya yi wata uku ba a ɗora tukunya ba, kowace takarda aka miƙa masa zai sa hannu, ko da ƙarya ce a ciki. Masu riƙe albashin sun san haka sarai.

Tsarin aikin gwamnatinmu daga Faransa aka ɗauko shi, to bari mu duba yadda su suka yi wa nasu ma'aikata. A 1904 asiri ya tonu cewa ofishin ministan yaƙi, Janar André, yana tara takardun ɓoye kan hafsoshi: wane yana zuwa coci, wane ba ya zuwa, da haka ake ba da girma ko a hana. Minista ya sauka. Sai dokar 22 ga Afrilu 1905, a sashe na 65, ta ce ba a horon ma'aikaci, ba a kuma ɗauke shi daga wurin aikinsa dole, sai an ba shi dama ya ga duk abin da ke cikin dosiyensa. A 1944 babbar kotun mulki ta Faransa ta soke hukuncin da aka yi wa wata mace mai rumfar sai da jaridu a Paris, don an ƙwace mata izini ba a bar ta ta kāre kanta ba. Ita ko ma'aikaciya ba ce!

Kan albashi kuwa, dokar 19 ga Oktoba 1946 ta ce abin da za a riƙe kada ya wuce rabi, kuɗin iyali ba a taɓa su, kuma a gama magana cikin wata 4. In an wanke mutum, a mai da masa abin da aka riƙe. Dokar 13 ga Yuli 1983 ta ƙara gaba: wanda aka dakatar yana karɓar albashinsa cikakke cikin watannin nan 4. Ragi ba ya shigowa sai bayansu, in maganar ta kai gaban alƙali, kuma ko a nan iyakarsa rabi.

Abin da ɗan Faransa ya ga ya dace da komin Paris, me zai sa ya yi wa komin Tawa ko na Tasawa yawa? Muna neman a rubuta wa mutum laifinsa a takarda, da rana da wuri. A nuna masa dosiyensa, ya zo da wakilin sandika ko wanda ya zaɓa ya tsaya masa. Wanda ya kai ƙara kada ya zauna cikin masu yanke hukunci. A sa wa'adi, in ya cika ba a gama ba mutum ya koma bakin aikinsa. Albashi kuwa ya ci gaba har ran hukunci.

Wani zai ce: to ɓarawo fa, ya ci dukiyar talakawa kuma a riƙa biyansa? Wata huɗu ne. In laifi ya tabbata a kore shi, alƙali ya sa shi ya biya. Gwamnatin da ta kasa bincika akwati guda cikin wata huɗu, ita ke da abin gyarawa.

Sakatarorin rassa, ku rubuto mana duk wanda aka dakatar a garinku: aikinsa, ranar dakatarwa, ko an ba shi takarda, ko ana biyansa. Kada ku tsallake kowa don katinsa na wata jam'iyya ne.