Ra'ayinmu: Majigin Serengeti Da Makiyayan Masai

A shekarar 1959 ne wani Bajamushe, likitan dabbobi, mai suna Bernhard Grzimek, ya fito da majigi a kan dajin Serengeti na ƙasar Tanganyika, wadda yau take cikin Tanzaniya. Ma'anar sunan majigin ita ce kada a bar Serengeti ya mutu. Shi da ɗansa Michael sun yi ta shawagi cikin ƙaramin jirgin sama mai zanen jakin dawa, suna ƙidayar namun daji. Kafin a gama aikin jirgin ya yi karo da ungulu, ɗan ya rasu. A 1960 majigin ya ci kyautar Oscar a Amurka.

Hotunan sun yi kyau, ba mu musu. Abin da ya dame mu shi ne ra'ayin da majigin ya yaɗa a duniya, wai gandun daji ba ya zama lafiya sai an fitar da ɗan Adam, har da makiyayan Masai da suka gaji wurin kaka da kakanni.

A shekarar da majigin ya fito ne Turawan Ingila suka tashe su daga Serengeti. An yi musu alkawarin zama a Ngorongoro, har Gwamna Richard Turnbull ya ce in bukatar mutum ta ci karo da ta naman daji, ta mutum ce gaba. To, a 1975 aka hana su noma a can. A 2022 kuma aka yanke murabba'in kilomita 1,500 na makiyayar Loliondo, aka soma kwashe iyalai daga Ngorongoro zuwa Msomera.

Alhali kuwa ba saniya ce ta kashe dajin ba. Ciwon bushiya, wanda dattawanmu suka san ɓarnarsa, shi ke kar da dabbar da ake kira nyumbu, mai kama da ɓauna. Da aka yi wa shanun kewayen allurar riga-kafi, sai cutar ta bar namun daji ma. Nyumbu da ba su wuce 300,000 ba a farkon shekarun 1960, suka haura miliyan ɗaya kafin 1980.

'Yan'uwa makiyaya na gefen gandun W da na Waza sun san irin wannan magana. Muna kira ga arɗo-arɗo da shugabannin ƙungiyoyi: duk takardar da aka kawo kan burtali ko mashaya, a karanta musu ita da harshensu, a rubuta iyaka da sunan wuri, su kuma riƙe kwafinsu kafin kowa ya dangwala yatsa.